Bindiga a Tafin Hannu: Tarihin Wasan Call of Duty a Idon Mutumin Yammacin Zamfara



An nemi in yi magana a kan wani wasan kwamfuta. Na sani akwai dattawa a ɗakin nan da za su ce, ina ruwan mutumin Anka ko Gummi ko Bukkuyum da wasan yara, alhali ƙasarsa tana cikin halin da ta ke ciki? Tambayar tana bisa hanya. Amma wasan da za mu tattauna wasan harbi ne, mu kuwa mutanen yammacin Zamfara mun fi yawancin mutanen duniya sanin abin da harbi ya ke nufi. Saboda haka muna da abin cewa game da shi wanda ɗalibin Landan ko na Tokiyo ba shi da shi. Daɗin daɗawa, wasan nan ya riga ya shigo aljihun ƙannenmu ta cikin wayar hannu, ko mun yi magana a kansa ko mun yi shiru.

Sunansa Call of Duty, watau kiran aikin da ya wajaba a kan soja. Ga wanda bai taɓa gani ba, ga yadda ya ke: ɗan wasa yana duban allo, ba ya ganin fuskar sojan da ya ke sarrafawa, iyakar abin da ya ke gani hannuwa biyu ne riƙe da bindiga, sai kuma duniyar da ke gaban bakin bindigar. An ɗauki idonsa an sa a cikin kan sojan. Duk abin da ya bayyana a allon, ko dai abin harbi ne, ko wurin fakewa, ko abin da aka hana a harba. Daga 2003 zuwa Nuwamba 2025 an fitar da manyan kashi 22 na wannan wasa, kuma tun daga 2005 shekara ba ta taɓa shuɗewa ba tare da sabon kashi ba. A 2024 kamfanin da ke da shi, Activision, ya ba da sanarwar ya sayar da kwafi sama da miliyan 500.

Tushen abin daga silima ya fito. A 1998 Steven Spielberg ya yi fim ɗin Saving Private Ryan a kan saukar sojojin ƙawance a gaɓar Normandi ta Faransa cikin Yaƙin Duniya na Biyu, wanda kakanninmu su ke kira Yaƙin Hitila. Shekara guda bayan haka, bisa ga shawararsa, aka yi wasan Medal of Honor. Wani ƙaramin kamfani a jihar Oklahoma ya yi kashin wasan na 2002, ya kuwa karɓu ƙwarai, sa'an nan ma'aikatansa 22 suka fice suka kafa nasu kamfanin mai suna Infinity Ward, da kuɗin Activision. A watan Oktoba 2003 suka fito da Call of Duty na farko. Abin da ya bambanta shi da na gabansa shi ne, ba jarumi ɗaya ke cin yaƙi shi kaɗai ba. Ɗan wasa ƙaramin soja ne a cikin runduna, yau Ba'amurke, gobe Bature ɗan Ingila, jibi ɗan Tarayyar Sobiyet. Akwai wurin da a ke ƙetarar da shi kogin Bolga zuwa Stalingrad, a miƙa masa harsasai ba bindiga, a ce ya ruga cikin wuta. Lalle in za a faɗi gaskiya, wannan kashi na farko yana da ɗan tsoron yaƙi a cikinsa, yana kuma nuna ƙanƙantar mutum ɗaya a fagen fama.

Kashi na biyu, na 2005, ya zo da wani ɗan canji wanda masu wasa suka yi murna da shi, ni kuwa ina ganin ya cancanci a tsaya a kansa. A da, in an harbi sojanka, dole ka nemi akwatin magani kafin ƙarfinsa ya komo. Daga kashi na biyu sai aka soke wannan. In harsashi ya same ka, allo ya yi ja, ka laɓe bayan katanga na 'yan daƙiƙu, sai jan ya washe, ka miƙe garau. Masu tsara wasan sun yi haka ne don kada neman magani ya katse daɗin faɗa, kuma ta fuskar sana'arsu sun yi dabara. Amma ku dubi abin da aka cire. An cire ɗaukar mai rauni a kan babur daga ƙauye zuwa asibitin Anka cikin dare, an cire neman mai ba da jini, an cire ƙafar da aka yanke, da gonar da ta kwana ba shuka don mai ita yana kwance. Duk wanda ya taɓa jinyar mai harbin bindiga ya san harbin shi ne ɗan guntun labarin, jinya da bashi su ne dogonsa.

A 2007 aka yi babban juyi. Kashi na huɗu, Modern Warfare, ya bar Yaƙin Hitila ya komo zamaninmu: wata ƙasar Larabawa da ba a ambaci sunanta ba, 'yan tawaye a Rasha, makamin nukiliya. A nan ne wasan ya zama abin da ya ke a yau, domin a nan aka gyara fagen da mutane ke karawa da junansu ta intanet, aka kuma kawo tsarin lada bisa yawan kisa. Ka kashe uku a jere ba a kashe ka ba, a ba ka jirgin leƙen asiri marar matuƙi. Ka kashe biyar, a ba ka izinin kiran jiragen ruwan bam. Ka kashe bakwai, jirgi mai saukar ungulu ya zo ya taya ka. In an kashe ka kuwa, cikin ƙiftawar ido a sake tayar da kai a wani lungu da sabuwar bindiga.

A cikin wannan kashi akwai wani babi da masana suka fi yin rubutu a kansa. An ɗora ɗan wasa a kujerar maharbin jirgin yaƙi samfurin AC-130, yana duban ƙasa da dare ta na'urar da ke ganin zafin jiki. Ba launi, sai fari da baƙi. Mutanen da ke ƙasa 'yan ɗigo-ɗigo ne masu gudu kamar tururuwa, ma'aikatan jirgin kuwa suna hira cikin natsuwa, har da 'yar raha, sa'ad da ɗigon ke watsewa. An gargaɗi ɗan wasa kada ya harbi cocin garin, kada kuma ya harbi nasa mutanen, waɗanda ke ɗauke da fitila mai ƙyalli don a gane su. In ya yi kuskure, wasa ya tsaya, a mai da shi baya kaɗan ya sake gwadawa. Mu a ƙasar nan mun san ɗaya gefen wannan hoto. Ranar 3 ga Disamba 2023 jirgin soja marar matuƙi ya jefa bam a kan masu taron Mauludi a Tudun Biri ta jihar Kaduna, hukumar ba da agajin gaggawa ta ƙasa ta ce mutum 85 suka rasu, rundunar soja kuma ta amsa kuskure ne. A Janairu 2025, a Tungar Kara ta nan jihar Zamfara, jirgi ya harbi 'yan sa-kai da suka fito bin sawun ɓarayi, aka rasa aƙalla mutum 16. Manomin Zamfara ba ya yawo da fitila mai ƙyalli a kafaɗa, kuma daga sama, babur ɗinsa da na ɗan bindiga kamanninsu ɗaya.

Kashin 2009, Modern Warfare 2, ya tara dala miliyan 310 cikin kwana ɗaya a Amurka da Ingila kawai, ya kuma jawo ƙura saboda wani babi inda ɗan wasa ke tafe tare da 'yan ta'adda suna karkashe fasinjoji a filin jirgin sama na Mosko. A Rasha sai da aka cire babin. A 2010 wani kamfanin na Activision, Treyarch, ya buɗe reshen Black Ops, wanda ya shafi ayyukan asiri na zamanin Yaƙin Cacar Baki. Babinsa na fari ma yunƙurin kashe Fidel Kastro ne, kafofin labaran gwamnatin Kuba kuwa suka yi tir da shi. Daga nan sai aka shiga neman sabon fage ruwa a jallo. Aka tafi shekarun da ba su zo ba, aka sa wa sojoji rigunan ƙarfe masu tsalle, a 2016 har aka kai yaƙin sararin samaniya. Masu wasa suka yi gunaguni, a 2017 aka komo Yaƙin Hitila, a 2019 aka sake Modern Warfare daga farko. Ba zan gajiyar da ku da jera sauran sunayen ba. Yawancinsu tsohon tuwo ne aka sake wa miya.

Abin da ya fi dacewa mu tambaya shi ne, ina Afirka a cikin wannan dogon labari? Tana nan, amma a matsayin fili. A kashin 2005 hamadar Masar da Tunisiya ce, inda Ingilishi da Jamusawa ke gwabzawa. A kashin 2011 an sauko Saliyo da Somaliya, baƙar fatar da ke ciki kuwa 'yan daba ne masu cin zalin ƙauyawa, sai an kawar da su kafin jarumai su kai ga abin da suka zo nema. A Black Ops II na 2012 an kawo Jonas Sabimbi, madugun 'yan tawayen UNITA na Angola wanda aka kashe a 2002, yana ihu yana ingiza dakarunsa. 'Ya'yansa uku suka kai ƙara kotu a Faransa suna neman diyyar yuro miliyan 1, suna cewa an mai da ubansu wani dabban jeji. A 2016 kotu ta kori ƙarar. Manuwel Noriyega, tsohon shugaban Panama, shi ma ya yi ƙara daga kurkuku a 2014 bai ci nasara ba. Nijeriya ta samu nata rabon a Advanced Warfare na 2014, inda sojojin haya na wani kamfani su ke kutsawa cikin cunkoson motocin Legas ta shekarun 2050 don su ceto Firayim Ministan Nijeriya daga hannun masu garkuwa. Mu da ba mu sake yin Firayim Minista ba tun rasuwar Abubakar Tafawa Ɓalewa a 1966, sai mu ce ko masu wasan sun san wani abin da ba mu sani ba. Amma ku lura da tsarin: ko a cikin mafarkin shekaru masu zuwa, shugabanmu ne a ɗaure, baƙo ne mai kwancewa.

Wani abin kuma ya fi wannan ciwo, domin rashi ne. Wasan nan ya koma Yaƙin Duniya na Biyu sau da yawa, ya zaga Normandi da Stalingrad da Balin da tsibiran Fasifik, amma bai taɓa ba da labarin dakarun Afirka ta Yamma a Bama ba. Runduna ta 81 da ta 82, waɗanda 'yan Nijeriya suka fi yawa a cikinsu, sun yaƙi Japanawa a kwarin Kaladan da tsaunukan Arakan, suka kama Myohaung a Janairu 1945. Wata birged ta 'yan Nijeriya ta shiga cikin mayaƙan Chindit a 1944, waɗanda aka sauke a bayan layin abokan gaba. Kafin wannan, a 1941, 'yan Nijeriya suna kan gaba a korar Italiyawa daga Mogadishu zuwa Habasha. Hausa ita ce harshen bariki a rundunar Nijeriya ta wancan zamani, dubun-dubatar samarin kuwa daga ƙauyukan Arewa aka ɗebo su, wasunsu aikinsu ɗaukar kaya a ka cikin dajin da mota ba ta shiga. Sunayen barikokinmu shaida ne har yau: Chindit a Zariya, Dalet a Kaduna, Dodan da Myohaung da Arakan a Legas. Marubuci Biyi Bandele, haifaffen Kafancan, ya rubuta littafin Burma Boy a 2007 a kan waɗannan samari. Da masu wasan sun so, da sun sami labarin da ya isa kashi uku. Iyakar abin da muka samu shi ne jarumin kashin Vanguard na 2021, wanda aka ce haifaffen Kamaru ne, amma sojan laima na Ingila, yana yaƙi a Turai.

Ba rashi kaɗai ba, har da sauya tarihi. A Fabrairu 1991 jiragen Amurka da ƙawayenta sun ragargaza ayarin sojojin Iraƙi da ke ficewa daga Kuwait a kan hanyar Basra, har aka laƙaba mata suna hanyar mutuwa. A Modern Warfare na 2019 an ƙirƙiri wata ƙasa mai suna Urzikstan, aka sa wata hanya mai wannan laƙabi daidai a cikinta, aka ce Rashawa ne suka yi ɓarnar. Yaron da ya fara jin sunan a cikin wasa, da wane labari zai tashi? Sau biyu kuma kamfanin ya nemi gafarar Musulmi, a 2012 saboda wani hadisi da aka rubuta a jikin firam ɗin hoto a banɗaki cikin wani fagen wasa, a 2021 kuma saboda shafukan Alƙur'ani da aka watsar a ƙasa. Ban ɗauki waɗannan a kan mugun nufi ba. Alama ce ta cewa a ɗakin da a ke yanke shawara babu wanda zai iya karanta rubutun ya ce a dakata.

To, me ya sa ba a fashin shekara? Amsar tana cikin littafin ciniki. Manyan kamfanoni uku, Infinity Ward da Treyarch da Sledgehammer, su ke karɓa-karɓa, domin kowane ya sami lokacin gina nasa, kasuwa kuma kada ta wayi gari a ƙarshen shekara ba sabon kaya. Labarin da ya ƙare da sulhu ba ya haifar da kashi na gaba, saboda haka dole kowane mugu da aka kashe ya bar magaji. Masu ƙera makamai su ma sun gane amfanin abin. Takardun da suka fito a shari'ar da iyayen yaran makarantar Sandy Hook suka yi da kamfanin bindigogi na Remington sun nuna kamfanin ya ƙulla yarjejeniya don a sa wata bindigarsa a kashin 2009, da nufin samari su saba da ita tun kafin su isa saye.

A nan zan yi wani kwatance, ina kuma roƙon kada a ɗauke shi a kan izgili ga sojojinmu, waɗanda da yawansu suka bar gawarsu a dazukan jihar nan. Mu ma muna da namu jerin. A Yuli 2016 Shugaba Muhammadu Buhari ya zo dajin Ɗansadau sanye da kakin soja ya ƙaddamar da Harbin Kunama. Aka yi Harbin Kunama na biyu, aka yi na uku. Akwai Sharan Daji. A 2018 sojojin sama suka zo da Dirar Mikiya, a 2019 aka yi Hadarin Daji, a 2024 aka sake masa suna da tsari ya zama Fansan Yamma. Kowane da sunansa mai daɗin ji, da bikin buɗewa, da sanarwar yawan waɗanda aka kashe. Mai sayar da wasa yana da dalilin so kada yaƙinsa ya ƙare, don da shi ya ke ci. Ya kamata ɗalibin kimiyyar siyasa ya zauna ya bincika, a namu yaƙin, su wane ne ke ci da rashin ƙarewarsa: mai safarar harsashi, da mai kai wa daji mai da burodi, da mai sayen shanun sata, da mai sayen zinariyar da aka haƙa a ƙarƙashin bakin bindiga.

Yadda wasan ya iso gare mu kuwa, ta waya ne. Shagunan gem na garuruwanmu, masu janareta da benci, ƙwallon ƙafa suka fi sani. Akwatin wasa da kwamfuta mai ƙarfi sun fi ƙarfin aljihun yawancinmu. Amma ranar 1 ga Oktoba 2019 aka fito da Call of Duty: Mobile, wanda wani reshen kamfanin Tencent na Sin ya gina, kyauta ga mai waya da data, cikin mako guda aka sauke shi sau miliyan 100. A Maris 2020, daidai lokacin kullen annobar korona, aka ƙara da Warzone, inda a ke zuba mutum 150 a fili ɗaya, fili yana ta ƙunci, har a bar na ƙarshe. Kyautar nan ta ɗan tsako ce a bakin tarko: shiga ba kuɗi, amma adon bindiga da tufafin soja na sayarwa ne, data kuma ba ta jira. Shi da takwarorinsa PUBG da Free Fire su ne za ka ji samari suna yi a ɗakunan kwanan makarantu da bakin shagon cajin waya.

Na sha jin iyaye da malamai suna cewa waɗannan wasanni ne ke koya wa yara ta'addanci, a hana su kawai. Ina girmama damuwarsu, amma lissafin bai fita ba. Satar shanu da kashe-kashen da suka zama abin da mu ke ciki sun kankama ne wajen 2011, shekara takwas kafin wasan ya shigo waya. Kwamitin da gwamnatin jiha ta kafa a 2019 a ƙarƙashin tsohon Sufeto Janar na 'yan sanda Muhammad Dahiru Abubakar ya ƙirga mutum 6,319 da aka kashe tsakanin 2011 da 2019, da kuɗin fansa sama da naira biliyan 3. Musabbabin da aka sani su ne cinye burtali da makiyaya, da zaluncin da aka yi ta yi a kotuna da hannun wasu masu sarauta, da ramuwar gayya tsakanin 'yan sa-kai da makiyaya, da makaman da suka malalo bayan rushewar Libiya a 2011, da zinariya. Yaron da aka haifa a ruga, bai taɓa shiga aji ba, aka miƙa masa AK-47 yana ɗan shekara 14, bai koyi harbi a allo ba. Ko a Amurka, ƙungiyar masana halayyar ɗan Adam ta ƙasar ta bayyana a 2020 cewa babu isasshiyar hujjar da ta ɗaure wasannin nan da aikata kisa. Illar da aka tabbatar ta fi kusa da gida: a 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa jarabar wasan kwamfuta cikin jerin cututtuka, duk wanda ya ga ɗalibi ya kwana yana harbi ya wayi gari yana gyangyaɗi a ɗakin jarrabawa ya san ba ƙarya suka yi ba. Wasan yaƙi kuma ba baƙo ba ne a wurinmu. Wane ne a nan bai yi langa a dandali ba, ko bai sassaƙa bindigar kara ba?

Tsorona yana wani wuri dabam, ya kuma fi shafar ku da ke cikin ɗakin nan fiye da yaron daji. Wasan yana horar da ido. Shekara 22 yana koya wa mutane miliyoyi su dubi yaƙi daga bayan kunamar bindiga ko daga sama, su auna nasara da yawan gawa, su ɗauki garin da a ke faɗa a cikinsa tamkar fili marar masu shi. Ku ne gobe za ku zama sakatarorin ƙananan hukumomi, da jami'an watsa labarai, da masu rubuta wa gwamna rahoto, wasunku ma hafsoshi. In idonku ya saba da wancan kallo, za ku rubuta cewa an kawar da 'yan bindiga kaza, ku rufe fayil, ba ku tambayi ko mutanen ƙauyen sun koma gonakinsu ba.

Ku dubi wata guda kawai, Janairu 2022. Daga ranar 4 zuwa 6 ga watan, 'yan bindiga a kan babura suka bi ƙauyukan Anka da Bukkuyum suna harbi suna ƙone gidaje. Gwamnatin jiha ta ce mutum 58 suka mutu. Mutanen da suka yi jana'iza suka ce sun kai wajen 200. Ranar 18 ga wannan watan, kamfanin Microsoft ya ba da sanarwar zai sayi Activision Blizzard a kan dala biliyan 68.7, cinikin da aka kammala a Oktoba 2023 bayan hukumomin Amurka da Ingila da Tarayyar Turai sun yi watanni suna tantance shi. Wancan ciniki an san adadinsa har zuwa kan dala guda. Wasan kansa yana riƙe da lissafin kowane harsashi da kowane ɗan wasa ya harba, da sau nawa ya kashe, sau nawa aka kashe shi. Mu kuwa tsakanin 58 da 200 akwai mutum sama da 140 waɗanda ba a daidaita ba ko sun mutu a takarda. Wannan aikin ofis ne, aikin alƙalami da rajista, ba ya bukatar jirgin yaƙi.

Mun kuwa taɓa ganin amfanin ƙirga. A 2010, sa'ad da gubar dalma daga dutsen zinariya ta kashe yara sama da 400 a Anka da Bukkuyum, a ƙauyuka irin su Dareta da Abare da Yargalma da Bagega, abin da ya fara tona asirin cutar shi ne ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta MSF sun lura da yawan sababbin ƙananan kaburbura, aka bi gida gida ana tambaya ana rubutawa. Da aka sami adadi da sunayen garuruwa, sai aka sami abin da za a ɗora a gaban gwamnati, har aka kwashe gurɓatacciyar ƙasar Bagega a 2013. Haka nan a Satumba 2021, da aka rufe layukan waya a jihar baki ɗaya, tare da kasuwannin mako, yaƙin cikin allo ya tsaya cik a ranar, na bayan gari bai tsaya ba, sai dai labarinsa ne ya daina fita. Abin da ya auku a ƙauyuka cikin waɗannan makonni, mafi yawansa yana cikin kawunan tsofaffi da zawarawa ne kawai, kuma kullum ana rasa su.

Ga 'yan sashen kimiyyar kwamfuta kuma ina da wani labari. A 2014 wani ƙaramin kamfani a Folan, 11 bit studios, ya fito da wasa mai suna This War of Mine, wanda ya samo tushe daga ƙawanyar da aka yi wa birnin Sarayebo daga 1992 zuwa 1996. A cikinsa ɗan wasa ba soja ba ne. Farar hula ne su kaɗan a cikin rusasshen gida, da rana suna ɓoye saboda maharba, da dare ɗaya ya fita neman abinci da magani, wani lokaci ya tarar da tsofaffi biyu da ɗan abin da suka rage, ya zaɓa ko ya ƙwace ko ya koma hannu wofi. In ya ƙwace, mutanen gidansa su shiga baƙin ciki, wani ma ya kasa tashi. Wasan ya sayu ƙwarai, a 2020 gwamnatin Folan ta ba da sanarwar sa shi cikin jerin abubuwan da ɗaliban sakandare za su iya nazari. Ba a kashe ko kusa da kuɗin kashi ɗaya na Call of Duty wajen gina shi ba.

Kayan irin wannan wasa suna zube a ƙofar gidanmu. Magidanci ne a wani ƙauye tsakanin Gummi da Bukkuyum, damina ta faɗi, an aiko wa gari da harajin da za a biya kafin a bari a yi shuka. Yana da buhun gero shida, da babur, da ɗiya da aka sa ranar aurenta, da ƙane a hannun masu garkuwa. Wani maƙwabci yana kiransa ya shiga sa-kai, wani yana cewa a kwashe iyali a tafi Anka a zauna a sansani, ana kuma raɗe-raɗin akwai mai kai rahoto daji a cikin unguwa. Kowace safiya sai ya zaɓi ɗaya, kowane zaɓi kuma yana cin wani abu daga cikin abin da ya mallaka. Wayar da ke ɗaukar Call of Duty: Mobile za ta ɗauki wannan ba tare da wahala ba, kuma da Hausa za a yi shi.

Malam Shugaba, na ga ka dubi agogo sau biyu. Sauran lokacin na masu tambaya ne.